Kiɗan Fim da Talabijin a Legas: Tambayoyin da Aka Fi Yi

A majalisun Agege, Idi-Araba da Mile 12, idan mutum ya ce sana'arsa kiɗan fim, tambayar da ke biyo baya ba ta canzawa: "To wace waƙa ka yi?" In ya ce shi ba ya waƙa, sai a ɗauka ko dai bai yi suna ba ne yake kare kansa, ko kuma yaron wani ne a situdiyo. Ba laifin masu tambayar ba ne. Mun tashi da finafinan Indiya da na Kano, inda waƙa ke fitowa fili, a san mai ita, a sa ta a gidan biki. Sana'ar da ake magana a nan wata ce dabam: kiɗan da ke ƙarƙashin hoto, wanda mai kallo ke ji a jikinsa ba tare da ya lura da shi ba. Ga tambayoyin da matasa da iyayensu suka fi yi mini a matsayina na mai wannan sana'a.

Malam, in ba waƙa ba ce, mene ne ainihin aikin?

Aiki ne mai rassa. Akwai mai tsara kiɗa, wanda ke ƙirƙiro sabon kiɗa domin wannan fim ɗin kaɗai. Akwai mai kula da waƙoƙi, wanda ke zaɓo waƙoƙin da suka riga suka shiga kasuwa, ya bi masu su, ya yi ciniki, ya karɓo izini. Akwai editan kiɗa, mai yanka da jonawa har kiɗa ya zauna daidai kan hoto. Sai mai haɗa sauti, wanda a hannunsa magana da kiɗa da ƙarar ƙofa da kukan mota suke haɗuwa, ya ba kowanne gwargwadonsa. A Amurka ko Indiya kowane reshe da mutuminsa. A Legas manyan finafinan sinima sun fara rarrabewa haka, amma a ƙaramin fim mutum ɗaya ne zai sha duka, a biya shi kuɗin ɗaya.

A Kano waƙa ce kan gaba. Sau da yawa ana buga ta a fiyano tun kafin a fita lokeshin, mawaƙi ya rera, jarumi ya hau a gaban kyamara. Yakubu Mohammed ya daɗe yana wannan aikin na bayan fage kafin jama'a su san fuskarsa. Legas ma ta taɓa yin zamaninta na waƙa. Bayan Living in Bondage na 1992, lokacin da 'yan kasuwar Idumota da Alaba ke riƙe da harkar, an saba da waƙar da ke ba da labarin fim ɗin tun kafin jarumai su buɗe baki, kuma Stanley Okorie ya yi suna a wannan salon. Da gidajen sinima suka dawo, tun daga buɗe Silverbird a 2004, sai kunnen masu kallo ya canza. Kiɗan da Kulanen Ikyo ya tsara wa October 1 na Kunle Afolayan a 2014, da Lionheart na Genevieve Nnaji a 2018, shi ne irin aikin da nake nufi.

Yaya aikin yake tafiya daga farko zuwa ƙarshe?

In an yi sa'a, za a turo maka labarin tun kafin a fara ɗauka. Yawanci dai sai an gama ɗauka, kuɗi ya kusa ƙarewa, ranar fitowa ta matso, sannan a tuna da kai.

Abin da ya kamata ka fara tambaya shi ne ko an kulle hoto, wato edita ya gama yanka kuma ba za a sake taɓawa ba. Tela ba ya yanka yadi sai ya auna mai riga, hoton da ba a kulle ba kuwa mutum ne mai ƙiba yau ya rame gobe. Daƙiƙa uku kawai edita zai cire daga tsakiyar fitowa, duk abin da ka ɗora a bayanta ya goce.

Daga nan sai zaman kallo. Kai da darakta ku zauna ku bi fim ɗin fitowa-fitowa, da lambobin lokaci suna gudu a gefen hoto. A nan ake yanke inda kiɗa zai shigo, inda zai fita, da abin da ake so ya yi. Darakta ba zai yi maka maganar makaɗa ba. Cewa zai yi, "Nan tana dariya amma zuciyarta ta karye," ko "Ina so a tsorata tun kafin ya buɗe ƙofar." Juya wannan zuwa sauti shi ne sana'ar. Ka rubuta komai da minti da daƙiƙa, ka tura masa ya amince, domin bayan sati biyu zai iya rantsuwa bai faɗa ba.

Akwai wata fitina da ake kira kiɗan riƙon ƙwarya. Edita kan ɗauko kiɗan wani fim na waje ya ɗora don ya samu saurin yanka. Darakta ya yi wata da watanni yana kallo da shi har ya shige masa rai, sai ya ce maka, "Yi mini irinsa sak." In ka yi sak ka yi sata, in ka yi nesa ya ce ba ka gane ba. Mafita ita ce ka gano me ya ja shi a ciki: saurin ne, ko ƙarancin kayan kiɗa, ko inda ya tsaya cak? Ka ba shi wannan da naka kayan.

Sai tsarawa. Bahaushe ba baƙo ba ne a nan, domin ya san take. Sarki yana da takensa, ɗan dambe yana da nasa, da an buga ka san wanda ke tafe ko ba ka gan shi ba. Haka ake yi wa manyan mutanen fim: ɗan gajeren take da za a riƙa juyawa, ya zo da ƙarfi ranar nasara, ya zo da kaya guda a hankali ranar rashi. Akwai lissafi kuma. In kiɗa yana tafiya bugu 120 a minti, kowane bugu rabin daƙiƙa ne, fitowa mai daƙiƙa 40 za ta ci bugu 80. In ana so babban bugu ya faɗa daidai inda aka mari jarumi, sai ka ɗan ƙara ko rage saurin har ya dace.

Bayan gyare-gyare, sai miƙawa. Ba dunƙule ake bayarwa ba. Ganguna dabam, masu tsirkiya dabam, busa dabam, muryoyi dabam, domin mai haɗa sauti ya iya rage ganga a ƙarƙashin magana ba tare da ya kashe sauran ba.

Me ya sa kuke yawan cewa a bar shiru? Ba kiɗa aka ɗauke ka yi ba?

An ɗauke ka ka taimaki labari. Ciwon finafinanmu, kudu da arewa, shi ne kiɗa daga tambarin kamfani har sunayen ƙarshe, babu numfashi. Kunne kan gaji, kuma in aka zo inda ake buƙatar kiɗan da gaske, ba ya da sauran tasiri. Uwa ta samu labarin rasuwar ɗanta, in jarumar ta iya aikinta, barinta da numfashinta ya fi kowane goge. Ka shigo bayan ta zauna.

Ga wani dalili da ya shafi harsunanmu. Hausa da Yarbanci da Ibo duk da karin sauti suke rarrabe ma'ana. Goge da algaita suna zaune ne a daidai inda muryar mutum take, kalangu kuma magana yake yi da kansa. In ka sa su a ƙarƙashin hira, mutum biyu ne ke magana lokaci guda.

Wane kayan aiki nake buƙata? Ba ni da jari mai yawa.

Kwamfuta mai ƙarfi, manhajar haɗa kiɗa, ƙaramin fiyanon da ake jonawa da kwamfuta, akwatin shigar da sauti, makirufo ɗaya mai kyau, da abin ji na kunne da ba ya ƙara wa sauti kwalliya. Yawancin samari da FL Studio suke farawa, kuma ba laifi, amma aikin hoto ya fi sauƙi a Cubase, Nuendo, Logic Pro ko Pro Tools, wanda manyan ɗakunan haɗa sauti suka fi amfani da shi. Ana samun na hannu a Computer Village da ke Ikeja da kasuwar Alaba. Ka je da wanda ya san kan kaya, ka gwada a gaban mai shago.

Abu biyu ne ke cin kuɗin da ba a lissafa da su. Na farko wuta. Ƙarar janareta na shiga makirufo, kuma tun da aka cire tallafin mai a 2023, aka kuma ɗaga kuɗin wutar rukunin Band A (masu samun wuta mafi tsawon lokaci) zuwa naira 225 a kowane yunit a Afrilun 2024, inbata da batir sun zama cikin kayan kiɗa. Na biyu hayaniya. Legas ba ta shiru: hon ɗin danfo, injin niƙa, lasifikar maƙwabta. Labule mai kauri da katifu a bango suna rage amsa-kuwwar ɗaki amma ba sa hana ƙarar waje shigowa. Shi ya sa da yawanmu sai tsakar dare muke ɗaukar murya, a gama kafin kiran assalatu.

Manhajar sata kuwa, ranar da aikin wani ke hannunka za ta tsaya.

Sai na yi makarantar kiɗa?

Ba wanda zai tambaye ka takardar shaida, aikinka za a saurara. Amma sanin ƙa'idar kiɗa yana rage maka shekarun lalube, kuma ranar da aka ba ka kuɗin kiran masu goge na Turawa huɗu, sai ka rubuta musu abin da za su karanta. A Legas akwai makarantar MUSON a Onikan mai difloma ta shekara biyu, akwai sashen fasahar ƙirƙira a Jami'ar Legas da na wasan kwaikwayo da kiɗa a LASU. Ta ɓangaren fim, MultiChoice Talent Factory tana horar da matasa tun 2018, EbonyLife Creative Academy tana da gajerun kwasa-kwasai ciki har da na sauti. Mai son kusa da gida, akwai Cibiyar Koyon Fim ta Ƙasa a Jos.

Makarantar da ta fi duka a wurina ita ce zama a bayan wani. Ka yi masa yanka, ka jera masa fayil, ka ga yadda yake yi da darakta mai canza ra'ayi.

Ni Bahaushe ne. A Legas wannan riba ce ko cikas?

Riba ce, in ka san abin da ke hannunka. Legas tana yin finafinan da suka taɓo arewa: Lionheart da Sani Mu'azu da Yakubu Mohammed a ciki, Up North na 2018 da aka ɗauka a Bauchi, shirin talabijin na Sons of the Caliphate, Amina na Izu Ojukwu da ya fito a 2021. Ga tallace-tallacen kamfanonin waya, bankuna da kayan miya, waɗanda akasari a Legas ake shirya su kuma ana buƙatar na Hausa. Ga tashar Africa Magic Hausa.

Yanzu ka lura da abin da ke faruwa a ƙananan finafinai da yawa in an nuno Alhaji ko an nuno ganuwa. Sai ka ji busa irin ta Larabawa, kamar an sauka a Alƙahira. Mai kiɗan ya buɗe kwamfuta ne ya nemo sautin hamada, domin a tunaninsa arewa raƙumi ce da rairayi. Kiɗanmu na gargajiya akasari kan sautuka biyar yake tafiya, kuma ba ya da wannan lanƙwasar. Duk Bahaushen da ya ji ya san ba gida ba ne.

Wanda ya ɗan yi bincike kuma sai ya faɗa wani ramin, ya ɗauka kayan kiɗanmu duk ɗaya ne. Alhali kowanne da gidansa. Tambari da kakaki na sarki ne, ba a busa wa attajiri kakaki don ya sauko daga jif. Kotso da taushi na fada ne, kunnen da ya saba da Narambaɗa da Ɗanƙwairo da Jankiɗi zai ji sarauta nan take. Kalangu yana da tarihi da mahauta da 'yan dambe kafin Shata ya kai shi ko'ina. Garaya tana tuna wa mutane maharba da bori, ka sa ta a ƙarƙashin malami yana wa'azi ka ga saƙonnin da za su biyo baya. Shantu da ƙwarya na mata ne a cikin gida. Sarewa ta makiyayi ce. Bandiri na zikiri ne, ba na rawar biki ba. Wannan sanin ba a sayar da shi a Computer Village, kai kuwa da shi ka tashi.

Makaɗan ma suna nan. Bukukuwan Hausawa a Agege, filayen dambe, da fadojin sarakunan Hausawa na unguwanni ba sa rabuwa da su. Sai dai ɗaukarsu a situdiyo yana son dabara. Mai kalangu bai saba bin ƙaramin bugun da ake sa masa a kunne ba, kuma in ka matsa masa sai kiɗan ya mutu. Gara ka bar shi ya buga yadda ya saba, ka gina naka a kansa. Goge da gurmi ba a ɗaure su daidai da fiyano ba, don haka kai ne za ka bi su. Ka biya shi kuɗin aiki, ba kari irin na biki ba, ka bayyana masa inda sautin zai je, ya sa hannu, sunansa ya fito a ƙarshen fim. Ko Ludwig Göransson, da zai yi kiɗan Black Panther: Wakanda Forever na 2022, sai da ya tako Legas ya ɗauki makaɗa da mawaƙa.

Cikas ɗin ɗaya ne: kada a mayar da kai "mai kiɗan Hausa" da ba a kira sai an ga rawani a labari. Ka koyi gangunan Yarbawa irin su gangan da bata, ka koyi kiɗan hailaif, ka iya fim ɗin tsoro da na barkwanci.

Nawa ake biya?

Babu farashi tsayayye, ciniki ne. Abin da ke ɗaga shi ko sauke shi: yawan mintunan kiɗa, ko za a kira makaɗa ko kwamfuta ce kaɗai, kwanakin da aka ba ka, inda za a nuna fim ɗin, da kuma ko sayar da kiɗan za ka yi ɗungurungum ko haya za ka bayar. Yawanci dunƙulen kuɗi ake bayarwa, a cikinsa za ka biya makaɗa da situdiyo da mai, saboda haka ka yi lissafi kafin ka ce "na yarda".

Shawarata ba ta canzawa. Kaso na farko kafin ka taɓa fiyano, na biyu in an amince da samfuri, ciko kafin ka miƙa fayilolin ƙarshe. Ka rubuta sau nawa za a yi gyara kyauta. Abin da ka tura don a saurara ya zama mai ƙaramin inganci. An sha yi mini "Oga, turo kawai, gobe za ka ji alat", kuma wanda bai biya ba kafin fim ya fita da wuya ya biya bayan ya fita.

Kasuwar tana hawa da sauka. Shigowar Netflix da Prime Video ta ɗaga kasafin wasu finafinai, sai ga shi a Janairun 2024 Prime Video ta daina ɗaukar nauyin sababbin ayyuka a Afirka. Shi ya sa kusan kowa yake haɗawa da talla, shirin rediyo, finafinan YouTube, ko koyarwa.

Wa ke da kiɗan bayan an biya ni?

Abin da takarda ta ce. Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a Maris 2023, ta fara ba wanda ya ƙirƙiri aiki mallakarsa sai in yarjejeniya ta ce akasin haka, kuma miƙa mallakar ga wani ba ya tabbata sai a rubuce. Kariyar kiɗa tana kaiwa shekara 70 bayan rasuwar mai shi, ta sautin da aka ɗauka kuma shekara 50 bayan fitar da shi. Ba sai ka yi rajista ba kafin ka samu kariya, amma Hukumar Haƙƙin Mallaka ta Nijeriya tana da tsarin rajista da ke zame maka hujja.

Furodusoshi da yawa za su kawo takardar da ke cewa komai nasu ne har abada. Wani lokaci ba makawa, musamman in mai sayen fim ɗin ne ya gindaya. Amma ka karanta, ka nemi a bar maka kasonka na marubucin kiɗa in an nuna a talabijin, da izinin fitar da kiɗan a matsayin kundi, da sunanka a rubuce. Sayarwa ɗungurungum ta fi haya tsada, kada a biya ka kuɗin haya a tafi da gida.

Akwai wata takarda da matasa ke rainawa: jerin duk kiɗan da ke cikin fim, da sunan kowanne, tsawonsa, mai shi da kasonsa. Da ita ƙungiyoyin karɓar kuɗin mawaƙa suke sanin wa za a biya, a nan da ƙasashen waje. A Nijeriya akwai MCSN, akwai COSON wadda aka shiga taƙaddama kan lasisinta tun 2018, sai AVRS ta ɓangaren finafinai. Kafin ka shiga kowace, ka tambayi hukumar wacce ke da lasisi mai aiki. Abin da ke shigowa daga tashoshin gida ba abin dogaro ba ne, amma fim yana tafiya, kuma ba takarda ba kobo.

Darakta yana so a sa waƙar Shata a wata fitowa. Ai ya rasu, ko?

Ya rasu a 1999, kariyar waƙoƙinsa tana nan har ƙarshen 2069, kuma yana da magada. Izini biyu ake nema ga kowace waƙa: na waƙar kanta, da na faifan da aka ɗauka, wanda mai yiwuwa yana hannun wani kamfani ko gidan rediyo. In ka sa wani ya sake rerawa ka kauce wa na biyun ne kawai. "Daƙiƙa goma ce" ba hujja ba ce. Waƙoƙin gargajiya da ba a san mai su ba ma doka ta sa su ƙarƙashin kulawar hukumar. Manyan masu sayen fim suna neman ganin takardun kowace waƙa, a YouTube kuma na'ura ce ke ganowa ta karkatar da kuɗin tallan.

Aikin talabijin da na fim ɗaya ne?

Talabijin gudu ne. Shiri irin Tinsel, da aka fara a 2008, ba zai jira a tsara wa kowace fitowa sabon kiɗa ba. Ana yin taken buɗewa, sannan a tara rumbu: na soyayya, na makirci, na baƙin ciki, gajeru da dogaye, da 'yan ƙananan da ake shiga talla da su. Edita ya riƙa ɗiba. Taken buɗewa shi ne ke rayuwa. Dattawa har yau suna rera wanda Bongos Ikwue ya yi wa Cockcrow at Dawn.

Ƙa'idojin miƙawa su ne ke kayar da sababbi. Sautin hoto a 48 kHz ake yinsa, ba 44.1 na faifan CD ba, kuma WAV ake bayarwa, ba MP3 ba. Sinima hoto 24 take gudu a daƙiƙa, talabijin ɗinmu 25, fim mai minti 100 zai koma 96 in an juya shi, don haka ka tambaya tun farko. Ƙarfin sauti ma da ma'auninsa, ana ce masa LUFS: tashoshin da ke bin tsarin Turai -23 LUFS, Netflix kuma -27 a kan magana. Yaron da ya saba matse waƙar kulob har ta ƙure sai ya sake koyo. Ana kuma neman kiɗa da sauran sauti ba tare da magana ba, domin a iya juya fim zuwa wani harshe.

Ɗana ne yake so ya shiga. Gidanmu ba maroƙa ba ne, kuma ina tsoron addininsa.

Baba, damuwarka tana kan hanya. Ta fuskar roƙo, wannan aikin ba ya haɗa shi da wasa wani don a yi masa kari. Aikin ɗaki ne da kwamfuta da yarjejeniya. Ta fuskar hukuncin kiɗa, malamai sun yi saɓani tun da daɗewa, kuma ba ni ne mai fatawa ba, a tambayi malamin da aka yarda da shi. Abin da zan ƙara shi ne, sashen sauti yana da ayyukan da ba kiɗa a ciki: ɗaukar magana a lokeshin, tsaftace ta, ƙirƙirar sautin tafiya da ƙofa da ruwan sama, juya fim zuwa Hausa. Ana neman masu hannu a waɗannan. Abin da ya fi cancanta a sa wa ido shi ne aikin dare da irin abokan da zai yi.

Mace za ta iya?

Ƙwarai. Yawancin aikin daga ɗakinki za ki yi shi ki tura ta intanet. In zaman situdiyo ya kama, ki sa sharaɗin lokaci tun wajen ciniki, ki je da 'yar rakiya.

Manhajojin da ke ƙirƙiro kiɗa da kansu ba za su kashe sana'ar ba?

Za su ci ƙananan ayyuka, irin kiɗan cike gurbi. Amma yarjejeniyar fim tana sa ka tabbatar cewa kiɗan naka ne kuma kana da ikon miƙa shi, don haka ka yi hattara da abin da kake sa wa hannu. Kuma manhaja ba za ta zauna da darakta ta fahimci me ya sa yake ƙin abin da shi da kansa ya nema jiya ba.

To ta ina zan samu aikin farko?

Editoci. Su ne ke zaune da darakta lokacin da ake cewa "wa zai yi mana kiɗa?" Ka san su, ka san ɗaliban fim masu gajerun finafinai, domin daraktan gobe yana cikinsu. Bikin finafinai na AFRIFF da ake yi a Legas wajen Nuwamba wurin haɗuwa ne, kuma gasar finafinan Afirka ta AMVCA, da aka fara a 2013, tana da kyautar kiɗa da sauti, ka bi sunayen da ake zaɓa ka saurari aikinsu.

Ka haɗa samfuri na minti biyu ko uku, kiɗa a kan hoto, ba waƙoƙi ba. Fitowa uku masu yanayi dabam-dabam sun isa, ɗaya ta zama mai magana a ciki don a ga ka iya kauce wa murya. Ka nemi izinin mai hoton. In za ka yi aikin farko kyauta, to a rubuta cewa kiɗan naka ne, an ba su izinin amfani da shi a wannan fim kaɗai, kuma ka turo musu yadda ake rubuta sunanka, harafi-harafi, kafin a rufe sunayen ƙarshe.